Sunan da Baffa Ba Ya Faɗa

Ni ɗan fari ne. Na haura shekara arba'in, amma har yau ban taɓa jin mahaifiyata ta kira sunana ba. In tana nemana sai ta ce wa ƙanwata, "Kira mani wancan." In baƙi suka tambaye ta lafiyata sai ta kau da kai ta shiga gyara tabarmar da ba abin da ya same ta. Tun ina ƙarami na san ba ƙiyayya ba ce, kunya ce irin ta ɗan fari, don in na kwanta zazzaɓi ita ce ke kasa cin tuwo. Na fara da wannan ne don kada wani ya yi mini uzurin rashin sani a kan abin da zan faɗa. Na san al'adar sarai, a cikinta na tashi.

Gonarmu tana wani ƙauye tsakanin Kafur da Malumfashi. Tun kafin a haife ni akwai wani Bafulatani da ke sauka a cikinta duk kaka. Aminin mahaifina ne, mu kuwa Baffa muke ce masa. In an yanke dawa an kwashe masara, Baba ba ya yarda kowa ya taɓa kara ko harawa. Baffa zai zo da shanunsa ya kafa mashekari, wato ya yi 'yan bukkoki a tsakiyar gonar, shanu su cinye abin da ya rage su zuba taki. Bayan 'yan kwanaki sai ya matsar da makwancinsu gaba, a haka har taki ya zagaye gonar. In damina ta yi nisa, daga bakin hanya kana iya nuna inda shanun suka fi daɗewa, don masarar wurin har baƙi-baƙi take yi. Baba ya ba shi dammunan dawa, matarsa Goggo ta cika mana gida da nono da man shanu. Ban taɓa jin sun zauna ciniki ba.

Baffa dogo ne, marar yawan magana, amma ya iya tsokana. Bai taɓa kirana da komai ba sai Kaɗo, kamar yadda Fulani ke ce wa Bahaushe. "Kaɗo, ka ci ka ƙoshi? To, yau duniya ta zauna lafiya." Babban ɗansa tsarana ne, watanni kaɗan ne tsakaninmu. Shi ya koya mini tatsa, saniya ta shure ni na faɗa cikin kashinta, ya yi shekara yana ba da labarin. Ni na koya masa keke, ya shiga da shi cikin ƙaya, na rama. Shi ma ɗan fari ne. Baffa ba ya kiran sunansa, ba ya kallon fuskarsa in suna magana, kai ko inuwa ɗaya ba sa zama. "Wancan mai sandar" yake ce masa. Mu biyu mukan yi wa kanmu dariya, mu ce mu ne marasa suna a gidajenmu.

Na yi karatu, na zama malamin sakandare a Funtua. Shi kuma ya gaji sandar ubansa, ya yi aure, ya haifi 'ya'ya. Baba ya rasu, gonar ta dawo hannuna, amma mashekari bai fasa ba. Baffa ma da girma ya kama shi sai ya daina yawo, ya kafa rugarsa a bakin rafin da ke bayan ƙauyenmu, kusa da kaburburan iyayensa.

Da can in an nuna Bafulatani a fim, sakarai ake nunawa, mai sanda a wuya da gurɓatacciyar Hausa, wanda 'yan birni ke cuta a tasha. Ina jin haushin wannan, amma haushi ne na wanda ya yi dariya tukuna. Sai 'yan bindiga suka ɓullo a dazuzzukan yammacinmu, aka fara kore shanu, aka fara ɗaukar mutane a gona. Daga nan sakaran nan ya ɓace daga bakin mutane, mai bindiga ya maye gurbinsa. A rediyo, a waya, a majalisar mai shayi, in an ce an kai hari ba a ƙara tambayar su wa. A ɗakin malamai na sha yin faɗa har muryata ta dushe. Ina da saurin fushi, kuma ina son in yi nasara a gardama fiye da kima. In ce musu na san wani dattijo da shi ma ɓarayin suka kore wa shanu, su ce mini, "Malam, kai dai nono ya rufe maka ido."

Gaskiya ne an kore wa Baffa shanu. Bayan haka ne babban ɗansa ya kwashi abin da ya rage ya yi kudu da su, can wajen jihar Neja, ya bar wa tsofaffin 'yan shanun tatsa. Damina ta wuce, rani ya wuce, wata damina ta shigo, ba a gan shi ba. A irin lokacin nan matashin Bafulatani ba ya ɓacewa shekara guda a bar shi. Aka fara raɗe-raɗin ya shiga daji. Wani ya ce an gan shi a kan babur da rawani, wani ya ce muryarsa aka ji a waya ana cinikin wani da aka sace. Ba wanda ya gani da idonsa, kowa ji ya yi. Ni ma na ji, na ƙaryata da baki, amma a can ƙasan zuciyata na ce wa ya sani. Na ɗauki shekaru kafin in iya rubuta wannan jimlar.

Sai maganar ta tashi daga kan ɗan ta koma kan uban. Matasan ƙauye suka ce a tashi rugar bakin rafi, ita ce idon 'yan daji. Mai unguwa yana ta jan ƙafa, amma kowa ya san ba zai iya ja har abada ba. Aka sa ranar da za a zauna a yanke shawara bayan an gama noma na biyu. Abin da ke raina ke nan dare da rana, kada a kori Baffa daga inda ya binne iyayensa da ƙannensa.

Ana cikin haka aka sace shanun huɗar wani maƙwabcinmu, bijimai biyu, su ne duk abin da ya mallaka. Ba wanda ya roƙi Baffa. Da kansa ya zo ya duba turken, ya sunkuya ya kalli ƙasa, ya ɗauki sandarsa ya bi sawu. Kwana biyu ba a gan shi ba, har aka fara cewa ai ga shi nan, ya bi nasa. A rana ta uku da hantsi sai ga shi yana janye da bijiman. A wani kwazazzabo ya same su a ɗaure, ɓarayin sun ɓoye su suna jiran mota. Ƙafafunsa duk sun fashe.

Ranar Asabar na hau babur daga Funtua ban ko karya ba. Na ce yau na samu abin da zan toshe bakin kowa da shi. Na same shi a gindin tsamiya yana tufka igiya.

"Baffa, so nake in ɗauke ka a waya, duniya ta ga abin da ka yi."

Ya ce, "Kaɗo, mi na yi? Shanu sun ɓace an gano su. Wannan ma abin nunawa ne?"

Na matsa masa har ya gyara zama. Ya ba da labarin a taƙaice, yadda ya gane sawun ɗaya daga bijiman saboda kofatonsa ya tsage. Da a nan na tsaya da ban rubuta wannan ba. Amma ina kallon fuskarsa a wayar sai na tuna ɗakin malamai, na san abin da za su ce: to ina ɗansa? Na ga gara in riga su. Na ce, "Baffa, mutane na magana a kan babban ɗanka. Ina yake? Me za ka ce a kansa?"

Akwai mutane kusan goma a tsaye suna kallo. Baffa ya sunkuyar da kai. Ya ɗauki igiyarsa, ya juya gefe har kafaɗarsa ta ba ni baya, ya ci gaba da tufka. Na sake tambaya. Ya ce, a hankali, ba tare da ya ɗago ba, "Bar wannan magana."

Abin da mahaifiyata take yi ke nan in an tambaye ta ni. Na gan shi sau dubu. Amma a ranar ba al'ada nake nema ba, hujja nake nema. Na koma Funtua na saka hoton mai motsi a shafina, na rubuta a samansa cewa ga Bafulatanin da ya dawo wa Bahaushe da shanunsa, dattijon da ya juya wa ɗan cikinsa baya saboda ya zaɓi gaskiya a kan jini. Na karanta jimlar sau biyu ta burge ni. Ban ce ɗan ya shiga daji ba. Na bar wa mai karatu ya ƙarasa, kuma kowa ya ƙarasa.

Kafin kwana biyu abin ya zagaye ko'ina. Mutanen da ban sani ba suna ta turawa. Wani gidan rediyo ya karanta shi a shirin safe. Malaman da ke mini dariya suka zo suna ba ni hannu. A ƙasan hoton kuwa addu'a ce ake ta zubawa: Allah ya yi wa wannan dattijo albarka, wannan daban yake, ina ma sauran haka suke. Na lura da wannan "sauran", ta ɗan sosa mini rai, na wuce. A ƙauye zaman da aka shirya bai yiwu ba, maganar tashin ruga ta mutu. Maƙwabcinmu ya kai wa Baffa kwanon gero, masu wucewa suka koma gaishe shi daga nesa. Na ji kamar ni na ceto shi da hannuna.

Ƙanwata ce ta nuna wa Inna, mahaifiyarmu, hoton ta karanta mata rubutun. Da na je gida Inna ba ta amsa gaisuwata yadda ta saba ba. Tana tsince shinkafa a faifai ta ce, ba ta dube ni ba, "Kai yanzu uba ake tambaya ɗansa na fari a gaban jama'a? Mi kake so shi ce?"

Na ce, "Inna, ai abin ya yi amfani. Ba ki ga an bar su ba?"

"Ka goge."

"Inna, ba ki san yadda duniya take tafiya yanzu ba."

Ta ce, "Haka ne, ban sani ba." Ta ci gaba da tsintar shinkafarta. Ban goge ba.

Baffa ba ya karatun boko. Ya san an saka shi a waya, ya san ana yabonsa, amma bai san abin da aka rubuta ba. Ba kuma wanda ya gaya masa, don duk wanda ya karanta ya ɗauka gaskiya ce, ba zai so ya fama wa tsoho ciwo ba. Da ya ga gari ya yi sanyi sai ya aika wa ɗansa saƙo ta bakin wasu masu zuwa kudu, cewa ya dawo da shanu kaka ta kusa, gonar Kaɗo na jira, yanzu mutane sun gane su. Ashe duk tsawon lokacin nan ya san inda ɗan yake, suna aike a tsakaninsu. Ya san a wane rafi yake shayarwa, ya san saniyar da ta haihu. Faɗa ne kawai ba zai yi ba.

Abokina ya taso da garkensa. Abin da ya faru a hanya, wani ɗan ƙauyenmu mai fataucin hatsi ne ya gani, shi ya ba mu labari. A wani ƙauye can gaba da Dandume 'yan sa-kai suka tare shi da rana tsaka, ranar kasuwa. Suka tambaye shi daga ina, shanun wa. Bai tsorata ba. Har murmushi ya yi, ya ce musu shi ɗan dattijon nan ne da aka saka a waya, wanda ya dawo da shanun huɗa, shi ne babban ɗansa. An gaya masa ana yabon ubansa, ya ɗauka wannan ce takardar wucewarsa. Ɗaya daga cikinsu ya ciro waya ya nemo hoton, ya karanta rubutuna da ƙarfi kowa ya ji. Mai hatsin ya ce ya yi ta rantsuwa ya san yaron, ya san gidansu, ba wanda ya saurare shi. Suka ce uban da ya haife shi ma ya sallama shi, kai wa?

Washegari aka kawo shi a bayan a-kori-kura, an rufe shi da buhunan hatsi marasa komai. Shanun kuwa ba a sake jin labarinsu ba.

Na zo jana'iza. Na tsaya a sahun baya kamar baƙo. Baffa bai yi kuka ba, bai ce uffan ba, mutane na yi masa gaisuwa yana amsawa da kai. Goggo ma ba a ji muryarta ba, ta shige bukka ta juya fuska ga zana. Matar mamacin ce kawai ake jin kukanta. Na ji wani a bayana yana raɗa wa na kusa da shi cewa ka gani ko, ko hawaye tsohon bai yi ba, dama ya cire shi daga ransa. Na so in juya in shaƙe shi, sai na tuna daga wurina ya koyi wannan karatun.

Ran sadakar uku na koma rugar da la'asar, bayan mutane sun ragu. Baffa na gindin tsamiyar nan. Na durƙusa a gabansa. Mai hatsi ya riga ya gaya masa an karanta wani abu a waya kafin a taɓa ɗansa.

Ya ce, "Malam." Bai ce Kaɗo ba. "Karanta mani abin da ka rubuta."

Na ce, "Baffa, ka yafe mani."

"Karanta tukuna."

Na karanta. Na kai ƙarshe, har wurin gaskiya da jini. Sannan ya ce, "Kai ba ɗan fari ba ne?"

Na ce ni ne.

"Innarka ta juya maka baya?"

Kuka nake yi kamar ba malamin da ke tsawata wa ɗalibai ba. Bai rarrashe ni ba, bai kuma zage ni ba, da ya zage ni da na fi samun sauƙi. Ya gyara hularsa, ya miƙe zaune sosai, ya ce, "Kunna abin. Ɗauke ni kuma."

Na ɗaga wayar na kunna. Baffa ya kalli cikinta kai tsaye, ya buɗe baki ya faɗi sunan ɗansa. Shekara arba'in da wani abu na san mutumin nan, ban taɓa jin sunan a bakinsa ba, har sai da ya fito masa wani iri, kamar kalmar wani yare. Ya ce wane ɗana ne, shi na fara haifa. Ya ce wane bai taɓa ɗaukar ko kazar wani ba, ni na tura shi kudu da shanu, ni na ce mashi shi dawo. Ya ce ban juya wa wane baya ba, kunya ce irin tamu, duk cikin ɗiyana ba wanda nake so kamar shi. Daga cikin bukka na ji Goggo ta fashe da kuka, karo na farko tun da aka kawo gawar. Baffa ya ɗaga mini hannu alamar ya isa.

A ranar na goge na farkon, na saka na biyun, na rubuta cewa ƙarya na yi, na faɗi yadda abin yake. Amma na farkon ya riga ya bar hannuna, yana cikin wayoyin da ban san adadinsu ba. Na biyun kuwa 'yan tsiraru ne suka kalla. Gidan rediyon bai kira ni ba. Cikin waɗanda suka tanka, wani ya rubuta cewa ai uba ne, dole ya kare ɗansa. Mutane sun so dattijon farko saboda bai takura musu ba. Ya bar su da abin da suka yi imani da shi, ya ƙara musu da jin cewa su masu adalci ne, tun da ga shi sun yabi Bafulatani guda. Ni na haɗa musu shi, kuma don in wanke mutum ɗaya sai da na miƙa musu wani a madadinsa.

Kakar nan na hana kowa taɓa kara da harawa, kamar yadda Baba yake yi. Na bar su tsaye har suka bushe suka kwanta. Baffa bai zo ba. Bayan arba'in ya kwashe iyalinsa da jikokinsa da 'yan shanun tatsar, suka tashi da safe. Ba wanda ya kore shi. Ya bi ta ƙofar gidanmu ya yi wa Inna sallama, ya gode mata zaman shekaru, bai tambayi inda nake ba. Na yi ta cigiya a kasuwannin shanu, wasu su ce Bauchi, wasu su ce ya tsallaka iyaka. Yanzu takin zamani nake zuba wa gonar, tana yi daidai gwargwado. Inna ba ta taɓa ce mini ai na gaya maka ba. Da ƙanwata ta tayar da maganar sau ɗaya, Inna cewa ta yi, "Ku ƙyale wancan, abin da ke cinsa ya ishe shi."

Hoton farkon bai mutu ba. Duk sanda aka kai wani hari gardama ta tashi, sai wani mai kyakkyawar niyya ya tono shi ya sake sakawa, da rubutuna a samansa ba a canza ko wasali ba. Makon jiya wani sabon malami a makarantarmu, yaron kirki, wanda bai san ni na ɗauka ba, ya turo mini shi. Ya rubuta a ƙasa, "Malam, ka ga irin Fulanin da muke so." Na tura masa na biyun na ce ya daure ya kalla, bai kai minti biyu ba. Wayata ta nuna mini saƙon ya isa. Har yau bai buɗe ba. Sau uku Baffa ya faɗi sunan a ciki.